Bidiyon Gida a Gefen Gadon Mai Doguwar Suma

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri gare ka da ma'aikatan wannan jarida, ina roƙon ka ba ni fili in yi magana a kan wani al'amari da ya sami gidanmu a kakar bara, wanda na tabbata ya sami gidaje da yawa a karkarar Jigawa da Kano, wato jinyar wanda ya yi doguwar suma, da irin amfanin da wayar da ke aljihunmu za ta iya yi masa idan an san inda za a fuskantar da ita.

Ɗan yayana, magidanci mai 'ya'ya uku, manomin riɗi da zoɓo, yana dawowa daga kasuwar Maigatari ranar wata Alhamis da yamma a kan babur, babu hular kwano a kansa kamar yadda mafi yawanmu muke hawa, sai ya yi karo da amalanken shanu a wata kwana. An kai shi asibitin da ya fi kusa, daga nan aka tura mu wani babban asibiti a Kano, inda hoton kai ya nuna ƙwaƙwalwarsa ta bugu ta kumbura. Kwana 19 ya yi idonsa a rufe, kuma ni ne na zauna jinyarsa saboda na yi ritaya daga koyarwa, sauran mazan gidan kuma aikin kaka ya riƙe su.

Abin da ya fi ƙona mini rai a ranar, bayan hatsarin kansa, shi ne kafin mu isa Kano bidiyonsa yana kwance jina-jina a gefen titi ya riga ya zaga wayoyin garinmu. Mahaifiyarsa, wadda muka yi shawarar a bi ta a hankali a sanar da ita bayan magariba, a wayar yaron maƙwabta ta ga ɗanta. Bayan haka ma, a cikin masu zuwa dubiya akwai waɗanda ba su gama cewa sannu ba sai su ɗaga waya su ɗauke shi da roba a hanci, ƙirji a buɗe, su watsa a WhatsApp da Facebook da sunan neman addu'a. Ban ce niyyarsu mummuna ce ba, amma mutumin da ko a gona ba ya tuɓe riga a gaban surukansa bai cancanci a nuna wa duniya tsiraicinsa a ranar da ba shi da bakin cewa a'a ba. Wannan wayar dai ita ce ta yi mana rana daga baya, lokacin da muka daina bari a ɗauki marar lafiya a kai wa gari, muka koma ɗaukar gari muna kai wa marar lafiya.

Kafin in faɗi yadda muka yi, ya kamata in bayyana abin da likitoci suka fahimtar da ni, domin mu kalma ɗaya muke da ita, suma, alhali su matakai suke gani. A kwanakin farko na riƙa jin suna cewa yana kan 7, sai na tambaya. Ashe wani ma'auni ne da likitoci biyu, Graham Teasdale da Bryan Jennett, suka fito da shi a birnin Gilasgo na Sukotland a shekarar 1974, wanda ake duba buɗe ido da magana da motsin jiki a ba da maki daga 3 zuwa 15, kuma duk wanda yake kan 8 zuwa ƙasa rauninsa mai tsanani ne. Ainihin doguwar suma, wadda ido yake rufe kuma ba a iya tashin mutum ko da an mintsine shi, ba kasafai take wuce mako 2 zuwa 4 ba. Bayan nan, wanda Allah ya yi wa sauran kwana, ko dai ya farfaɗo, ko ya shiga wani hali da idonsa yake buɗewa, yana barci yana tashi, amma babu alamar ya san kansa ko wanda ke kusa da shi, ko kuma ya kai matakin da masana suka ayyana a 2002, na guntun hayyaci mai zuwa yana komawa, inda zai iya bin mutum da ido ko ya matse hannu idan an ce ya matse, yau ya yi, gobe ya kasa. Sanin waɗannan matakai shi ne zai hana mutum ya tsaya yana haska wa rufaffen ido waya. Mukan ce gani ya kori ji, amma a gefen wannan gado ji ne yake riga gani isowa.

Wata ma'aikaciyar jinya mai yawan shekaru ce ta fara ce mini, "Baba, kada ka zauna shiru, ka riƙa yi masa magana kamar yana jinka, kuma idan da hali a kawo masa muryar mahaifiyarsa." To, mahaifiyar tasa tsohuwa ce mai ciwon gwiwa, matarsa kuma tana cikin jego, ga kuɗin mota daga yankin Gumel zuwa Kano da ya yi tashin gwauron zabo tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, ga shi ɗakin da yake kwance mutum ɗaya ake bari ya shiga, shi ma na ɗan lokaci. An ce zumunci a ƙafa yake, amma idan ƙafa ta gaza ba laifi ba ne a aika murya. Na sa ƙaninsa ya ɗauki tsohuwar a waya tana yi masa magana. Na farkon da aka turo mini kuka ne daga farko har ƙarshe, ban kunna masa ba, na goge shi. Na ce a bar ta ta huce, ta zauna a kan tabarmarta inda ta saba zama, ta ba shi labarin abin da ya sani. A na biyun sai ta ba shi labarin shekarar da ya ɓace a kasuwa yana yaro aka same shi yana barci a rumfar mai ƙosai.

Akwai wani abu a nan da ya ba ni dariya a tsakiyar baƙin ciki. Ma'aikaciyar jinyar ta ce a tabbata an kira sunansa, domin sunan mutum yana cikin abubuwan da ƙwaƙwalwa ta fi saurin amsawa. Shi kuwa ɗan fari ne, mahaifiyarsa ba ta taɓa furta sunansa na yanka ba tun ranar suna. Da aka matsa mata ta ce ko a yau ba za ta faɗa ba, sai ta kira shi da laƙabin da ta saba. A ganina ita ce ta yi daidai, domin abin da ake nema shi ne abin da kunnensa ya saba ji daga wannan bakin, kuma da ta kira sunan nasa na gaskiya da ya zama baƙon abu a gare shi.

Wani tsohon ɗalibina da yake aikin gashin ƙashi, wanda ya riƙa leƙo mu, shi ya nuna mini cewa wannan ba camfi ba ne. A shekarar 2015 wata mai bincike a Amurka, Theresa Pape, ta Jami'ar Northwestern da asibitin tsofaffin sojoji na Hines, ta wallafa sakamakon gwajin da aka yi da mutum 15 da suka sami mummunan rauni a ka. An sa 'yan'uwansu sun naɗi labaran abubuwan da suka taɓa yi tare, ana kunna wa wasu daga cikinsu a kunne sau 4 a rana har mako 6, kuma waɗanda suka ji muryoyin gida sun fi saurin nuna alamun dawowa hayyaci, hoton ƙwaƙwalwarsu ma ya nuna sassan fahimtar magana suna ƙara aiki. Mutum 15 ba su da yawa, kuma zan dawo kan wannan, amma abin da aka gwada ɗin bai fi ƙarfin talakan ƙauye ba.

Ranar da ya buɗe ido na zaci jinya ta ƙare, sai na ga idon yana kallon sama kawai, ba ya tsayawa a kan kowa. A nan ne na ga likita ya ɗauko madubi ya riƙe a gaban fuskarsa yana kai shi dama da hagu a hankali. Ya ce mini madubi yana cikin kayan gwajin da ake yi wa irin waɗannan marasa lafiya, kuma masu bincike a birnin Liyej na Beljiyam sun gano cewa sun fi bin fuskarsu a madubi da ido a kan bin wani mutum ko wani abu. Bayan kwana huɗu idon ya bi madubin. Sai na nemi izinin likitan in gwada masa bidiyon gida, ya yarda bisa sharuɗɗa.

Ba fim muka shirya ba. Tsakar gida ce da safe, ana jin ƙarar daka, mahaifiyarsa tana zaune tana kallon wayar tana yi masa magana. Wani kuma babbar 'yarsa ce riƙe da allonta tana biya karatun da shi ya fara ɗora ta a kai. Akwai na ragonsa da yake turke, akwai na riɗin da 'yan'uwa suka yi gayya suka yanke masa suka tsayar ya bushe, ƙaninsa yana nuna masa yana cewa ga amfaninka nan ba abin da ya same shi. Kowanne bai wuce minti 3 ba. Da yake sabis ɗin garinmu ba ya ɗaukar bidiyo, a memori ake zubawa a ba direban motar haya ya kawo mini tasha. Nakan goge wayar da sifirit, in riƙe ta kamar kamu ɗaya daga fuskarsa, in gaya masa wanda zai gani kafin in kunna, sannan in yi shiru in bar shi da ita. A karo na shida ko na bakwai, a kan bidiyon 'yar tasa, na ga idonsa ya tsaya, da na matsar da wayar gefe kuma ya bi ta. Na rubuta rana da lokaci a littafi kamar yadda aka umarce ni, domin hayyacin irin waɗannan marasa lafiya yana zuwa ne yana komawa, kuma mai jinya da yake wuni a gefen gado yakan ga abin da likitan da ya zo zagaye na minti goma ba zai tarar ba.

Cewa mutumin da ba ya motsi zai iya bin labari a bidiyo abu ne da aka taɓa aunawa. A 2014, a Jami'ar Western da ke lardin Ontariyo na Kanada, Lorina Naci da Adrian Owen sun kunna wa wani mutum da ya shekara 16 bai amsa wa kowa ba wani guntun fim na minti 8 yana cikin na'urar ɗaukar hoton ƙwaƙwalwa, sai aka ga sassan tunani na ƙwaƙwalwarsa suna tashi da sauka daidai da na masu lafiyar da suka kalli fim ɗin, yayin da marar lafiya na biyu da aka gwada bai nuna hakan ba. A 2024 kuma wata babbar mujallar likitoci ta Amurka ta wallafa binciken da aka yi a kan mutum 241 waɗanda ba sa amsa umarni a zahiri, aka samu 60 daga cikinsu, wato 1 cikin 4, ƙwaƙwalwarsu tana amsawa a ɓoye. Wannan adadi ya isa ya sa mu gyara bakinmu. Na sha jin masu dubiya a gefen gadajen maƙwabtanmu suna cewa wannan ai sai dai addu'a, ko suna lissafin bashin da ake bin mutum, ko ma suna fara maganar gado, duk a kan kansa.

Duk da haka ba na so wani ya karanta wannan wasiƙa ya ɗauka cewa bidiyo magani ne. Ba na da'awar cewa shi ya tashi ɗan yayana. Ikon Allah ne, sannan aikin likitocin da suka sauke kumburin ƙwaƙwalwar, da ma'aikatan jinyar da suka riƙa zuƙe masa majina suna juya shi dare da rana. A ɗakin da muka zauna akwai wanda 'yan'uwansa suka fi mu ƙoƙari, bai tashi ba. Tun a 2002 masu tace bincike na ƙungiyar Cochrane suka duba gwaje-gwajen da aka yi na motsa ji da gani da taɓi ga masu doguwar suma, suka ce babu ƙwaƙƙwarar hujjar da za ta tabbatar da amfaninsa ko ta kore shi, kuma gwaje-gwajen da suka biyo baya, irin na mutum 15 da na ambata, yawancinsu ƙanana ne. Matsayin bidiyon gida shi ne na taimako mai arha wanda ba ya cutarwa idan an bi ƙa'ida, wanda kuma yake ba tsohuwar da ke ƙauye abin yi ban da kuka. Ina faɗin haka ne domin a ƙasar nan da zarar an ji abu yana da amfani sai a sami wanda zai zuba shi a memori ya sa masa farashi ya ce yana tayar da matacce.

Ƙa'idar kuwa ita ce aka fi karyawa, saboda ƙauna. Ƙwaƙwalwar da ta bugu tana gajiya da wuri, kuma ƙarar da ba ta yankewa takan zama kamar kukan injin niƙa ga maƙwabcinsa, wanda kunne yake sabawa da shi har ya daina ji. Na ga wanda aka sa wa abin kunne tun safe har dare ana kunna masa wa'azi, na ga wanda aka jingina wa waya a fuska ana nuna masa waƙoƙin biki masu walƙiya, alhali mai rauni a ka yana cikin haɗarin farfaɗiya. Abin da aka koya mini shi ne murya ɗaya a lokaci ɗaya, 'yan mintoci kaɗan, a lokacin da ya fi wartsakewa, sannan hutu mai tsawo, kuma da zarar numfashi ya ƙaru, ko gumi ya karyo, ko jiki ya sanƙare, ko ya kau da kai, a kashe. Karatun Alƙur'ani ma na fi ganin natsuwa a fuskarsa da aka naɗo muryar limamin masallacin unguwarsu, wanda ya shekara yana binsa salla, aka kunna a hankali. Tunda na zo nan, bari in ƙara da wani abu da ba na bidiyo ba amma yana kashe mutane: kada a ɗura wa wanda ba ya cikin hayyacinsa ruwa ko kunu ko rubutu ko zamzam ta baki, domin ba ya iya haɗiya, huhu abin yake tafiya. Mai son yin tofi ya yi, ya shafa masa, amma abin da zai shiga ciki a bar shi ga robar da likita ya sa.

Amfanin bidiyo na biyu, wanda a wurina ya fi na farko tabbas, sai da aka sallame mu na gane shi. A garinmu babu likitan gashin ƙashi, kuma marar lafiyar da ba a motsa masa gaɓoɓi yakan ƙage, wanda ba a juya shi duk bayan sa'a 2 kuma gyambon kwanciya yakan cinye masa baya da ɗuwawu. Kafin mu taho na roƙi mai gashin ƙashin ya bari a ɗauki hannuwansa yana nuna yadda ake miƙe gwiwa da kafaɗa da yatsu, da yadda mutum biyu za su juya shi da zani ba tare da jan hannunsa ba, da yadda ake zaunar da shi a tsaye kafin a ba shi abinci, yana bayani da Hausa. Matarsa, wadda ba ta yi boko ba kuma takarda ba za ta amfane ta ba, da wannan bidiyo ta koyi aikin har ta fi ni iyawa. Mu ma duk mako biyu mukan ɗauke shi, da suturarsa, yana ƙoƙarin ɗaga hannu ko tsayuwa, mu nuna wa likita ranar komawa asibiti. Wannan ne kaɗai ɗaukar marar lafiyar da na yarda da ita, domin ba ta wuce wayar gida da idon likita.

Saboda haka ina kira ga ma'aikatun lafiya na Dutse da Kano, da shugabannin manyan asibitocinmu irin su Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, da na Murtala Muhammad, da na Rasheed Shekoni a Dutse, da Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Birnin Kudu, da su duba yiwuwar tsara wannan abu a rubuce, ta yadda mai jinya zai san lokacin da aka yarda ya kunna murya ko bidiyon gida da tsawon da zai yi, a kuma rubuta a ƙofar ɗaki da Hausa da ajami cewa ba a ɗaukar hoton wanda ba ya cikin hayyacinsa sai da izinin waliyyinsa. A lokacin korona a 2020 asibitoci da yawa a Turai sun haɗa marasa lafiya da iyalansu ta kiran bidiyo da aka hana dubiya, mu kuwa nisa da tsadar mota sun daɗe suna hana mutanen karkara dubiya ba tare da wata annoba ba. Ina kuma roƙon malaman sashen gashin ƙashi na Jami'ar Bayero da ɗalibansu su shirya gajerun bidiyoyi na Hausa a kan jinyar wanda ya farfaɗo daga doguwar suma ko shanyewar ɓarin jiki, a raba su ta asibitocin sha-ka-tafi da shagunan masu caji da turi, waɗanda a yau su ne suke cika wayoyin ƙauye da fina-finai. Masu buƙata suna da yawa, domin ban da hatsarin babur akwai sanƙarau da yake zuwa mana da zafin bazara, da zazzaɓin cizon sauro mai taɓa ƙwaƙwalwar yara da damina, da jijjigar masu ciki, da ciwon suga. Limamanmu kuma, da suke tuna mana cewa gaida marar lafiya haƙƙi ne na Musulmi a kan ɗan'uwansa, ina fata za su haɗa da ladubban waya a gefen gado.

Ɗan yayana yana gida yanzu. Hannunsa na dama bai gama dawowa ba, maganarsa a hankali take fita, kuma da hantsi akan fito da shi gindin darbejiyar ƙofar gida ya zauna da sandarsa. Bai tuna komai na zaman asibiti ba, ko madubin ko wayar. Kwanan baya 'yarsa ta kunna masa bidiyoyin nan, ya kalli mahaifiyarsa tana ba da labarin rumfar mai ƙosai ya yi murmushi, da aka zo kan na ragon kuma sai ya tambaya ina yake. A mako na biyar na jinya muka sayar da shi muka biya kuɗin hoton kai na biyu, kuma har yau ana ce masa yana wajen kiwo.

Na gode da filin da ka ba ni. Wassalam.

Naka,
Wani malamin firamare mai ritaya,
daga wani ƙauye a masarautar Gumel, Jihar Jigawa.